Kafin Magariba ko Bayan Magariba

Ni dai ban taɓa riƙe ranar haihuwar kowa ba, har da tawa. Wadda ke cikin takarduna ɗaya ga Janairu ce, irin ta rabin ma'aikatan Kontagora, domin akawun da ya rubuta mana rantsuwar shekaru ba mai son wahalar da kansa ba ne. Saboda haka ba ni ya kamata in ba da labarin Malam Jinaidu ba. Sai dai waɗanda ya kamata su bayar duk suna da aikin yi.

Malam Jinaidu mai buga tafireta ne a ofishin wata makarantar sakandare da ke bakin gari, ta wajen hanyar Rijau. Ya fi shekara ashirin yana bugawa, har yatsunsa sun san hanya, ba sa jiran kansa ya raka su. A shekarar 1993 aka kawo wa makarantar kwamfuta guda, tsohuwa, kyauta daga wasu mutane da suka gaji da ita. Aka share ɗakin da ake ajiye tsintsiya, aka sa mata labule da fanka, gatan da Jinaidu bai taɓa samu ba tun da ya kama aiki.

Firinsifal ya kira shi, ya yi masa bayani cikin ladabi. Ofis ba zai riƙe tafireta da kwamfuta a lokaci guda ba. Ko dai Jinaidu ya koyi sarrafa sabuwar kafin ƙarshen zangon karatu, a ba shi makullin ɗakinta, ko kuma a roƙo wani daga Minna, shi kuma ya yi ritaya. In yana so ma ya tafi da tafiretar gida, kyautar ban kwana.

Jinaidu ya ce, "To."

Tun da aka binne 'yarsa bara, duk abin da aka faɗa masa amsarsa ke nan. Gero ya yi tsada, to. Katangar bayan gida ta faɗi, to. Ba baƙin ciki yake ji ba, da ma shi ne da ya san inda zai ajiye shi. Ji yake kamar ƙafar da aka daɗe a zaune a kanta: tana nan, ana iya takawa da ita, amma kamar ta wani.

Wanda zai koya masa shi ne Malam Irmiya, malamin lissafi, mutumin Tungan Magajiya, wanda ya yi kwas ɗin kwamfuta a Kaduna, kuma an riga an yi masa canjin wurin aiki zuwa ƙarshen zangon. Hausarsa tsaf take, in ban da abu ɗaya: yau kwamfuta mace ce a bakinsa, gobe namiji, wani lokaci duka biyun a magana guda.

Kowace safiya Irmiya zai kunna ta, ta yi nishi irin na tsohuwar da za ta tashi daga tabarma, ta rubuta wani layi da koren rubutu, ta tsaya tana jira. Shi kuma ya danna babban maɓalli sau biyu, ko kallo bai yi ba.

Jinaidu ya ce, "Me ta ce?"

"Gaisuwa ce kawai, Baba Akawu. Rabu da shi."

Jinaidu ya zaci buga wasiƙa za a koya masa. Irmiya ya ce wannan ai ya iya tun kafin a yaye wasu. Wanda zai riƙe makulli sai ya iya ba na'urar umarni da kansa, layi bi layi, abin da ake kira furogiram, don ranar da ta yi taurin kai ya san ta inda zai kama ta. Ya nuna masa yadda ake sa wa kowane layi lamba, goma, ashirin, talatin, da yadda ake cewa in kaza ne yi kaza, in ba haka ba koma layi kaza.

"In ka gama, sai ka buga RUN."

"Ran me?"

"Ran kawai."

"Malam Irmiya, ba a cewa ran a yi shiru. Ran Talata ne, ran Laraba ne?"

Irmiya ya yi dariya har ya dafa bango. Jinaidu bai yi ba, don shi da gaske yake tambaya. Amma daga nan Irmiya ya sami aikin da zai ba shi. Ya ce tun da ranaku yake so, to ya rubuta furogiram ɗin da in an ba ta kwanan wata da shekara za ta faɗi ranar da suka faɗo a mako. In ta yi daidai, makulli nasa ne. In ba ta yi ba, shi Irmiya da bakinsa zai ce wa Firinsifal a aika Minna.

Ya ɗauki alli ya nufi ƙaramin allon da ke jikin bango. "Amma ga doka. Kafin ka rubuta layi ɗaya, ka fara sanin amsar da kake jira. Ka samo kwanakin da ka tabbata da ranakunsu, ka rubuta nan. Shi ne gwaji. Da su za ka kama shi in ta yi ƙarya. Kuma gwajin da ya hau allon nan ba ya sauka."

"Ina zan sami tsohuwar kalanda?"

"Garin nan cike yake da kalanda masu tafiya da ƙafa. Ka saurari sunayen mutane mana."

Na farko da suka kama shi ne Sati, direban motar makaranta, wanda sunansa ma Asabar yake nufi, kuma ba ya gajiya da faɗa wa mutane cewa ranar da aka ba ƙasa 'yanci aka haife shi, ɗaya ga Oktoba 1960.

Sati ya ce, "Rubuta, Baba. Ni da ƙasar nan tagwaye ne. Shi ya sa duk mu biyun sai an tura muke tashi."

Ta biyu Marta ce, mai kula da ɗakin shan magani, wadda a gida Talatu ake kiranta. Ta ce uku ga Maris 1964, kuma duk wanda ya maimaita shekarar a waje ita da shi ne.

Irmiya ya ce, "Saura ɗaya. Biyu ba sa isa shaida."

Jinaidu yana riƙe da alli. Bai yi tunani ba, hannunsa ne ya rubuta, yadda yake buga takarda: sha uku ga Satumba 1979, Juma'a. Ya buga wannan kwanan watan a takardun makarantar 'yarsa sau da yawa. A gaba ya rubuta Jummai. Irmiya ya ce madalla, ya tafi aji.

Makonnin farko na'urar ko sauraronsa ba ta yi ba. Duk abin da ya buga sai ta ce Syntax error, wato ba ta gane maganar ba. Sati, da yake leƙowa in ba shi da tuƙi, ya raɗa mata suna Hajiya Santakis. Jinaidu ya gano cewa tafireta baiwar Allah ce: ka buga shirme ta karɓa ta buga maka shi da kyau. Wannan kuwa waƙafi ɗaya ya ɓace sai ta zauna ta naɗe hannu. Abin bai ba shi haushi ba. Ya ma fi son zama da ita a kan zama da mutane, don ita ba ta taɓa ce masa ya haƙuri ba.

A hankali ya fahimci lissafin. A ƙirga kwanaki tun daga wata rana da aka sani, a raba da bakwai, abin da ya yi saura shi ne ranar. Ya jera Lahadi zuwa Asabar, ya ba kowace lamba. Ranar da ya buga kwanan watan Sati na'urar ta ce ASABAR, Sati ya cire hula ya rusuna mata.

"Hajiya ta san ni! Hajiya, a taimaka da taya biyu."

A kan Marta kuwa ta ce LITININ.

Marta ta ce, "Ku faɗa mata uwata ba ta sha giya. Talata ta haife ni."

Irmiya ya ƙi faɗa masa inda matsalar take. Ya dai koya masa dabara: ya sa na'urar ta riƙa faɗin abin da ke ranta a kowane mataki, ta rubuta jimlar da ta samu kafin ta wuce gaba, shi kuma ya bi ta da fensir. Jinaidu ya bi ta wata bayan wata kamar mai bin sawun akuya, har ya iske inda kwana ɗaya ya faɗi. Fabrairun shekarar Marta kwana ashirin da tara ya yi, shi kuwa ya gaya wa na'urar ashirin da takwas ne kullum. Ya ƙara layi uku. Ta ce TALATA. Ya koma ya sake gwada Sati, don Irmiya ya ce wanda ya ɗinke gaban riga ya duba bayanta. Sati yana nan a Asabar ɗinsa.

Sai ya buga na ukun. Na'urar ta ce ALHAMIS.

Ya sake bugawa. ALHAMIS.

Ya bi ta da fensir. Ya canja wurin da ƙirgar ke farawa, Jummai ta koma Juma'a, amma Sati ya faɗa Lahadi, Marta ta faɗa Laraba. Ya mayar. Ya yi zargin watan Agusta, ya yi zargin rabawa da bakwai, ya yi zargin maɓallin tara, wanda dama yana ɗan maƙalewa. Mako biyu yana wannan. Ya koyi abubuwan da ba a sa shi ba: yadda ake tsayar da furogiram a tsakiya a leƙa cikinta, yadda ake ajiye ta a faifan kwamfuta kafin wuta ta ɗauke, bayan wutar ta koya masa hakan da kanta sau biyu. Kuma ya lura akwai hanya mai sauƙi. Layi ɗaya tak: in kwanan wata kaza ne, ki ce Juma'a. Ya buga layin, ya zauna yana kallonsa. Na'urar za ta faɗa, ba ta da kunya. Ya goge.

Saura kwanaki kaɗan a rufe makaranta Irmiya ya shigo, ya zauna a gefen tebur, ba ya wasa yadda ya saba. Ya yi lissafin da hannunsa a takarda, shi ma Alhamis ya samu.

"Baba Akawu, na'urar tana da gaskiya. Ko kwanan watan ne ba daidai ba, ko sunan." Ya ajiye takardar. "Sati ya faɗa mini ko wace ce. Ban sani ba lokacin, ka gafarce ni. Mu cire ta kawai, mu sa wani."

"Kai ka ce wanda ya hau allo ba ya sauka."

"Ni na yi dokar, ni zan iya karya shi."

"A bar ta."

"In an bar ta a haka, ba zan iya cewa ka gama ba. Ka gane? Minna zan ce."

Jinaidu ya ce, "To."

A hanyar gida, yana tura kekensa don tayar baya ta yi faci, ya yi lissafin abin da ya sani game da yarinyar. Sunanta na yanka Kubura. 'Yar fari ce, don haka bai taɓa kiran sunan ba, bai taɓa ɗaukarta a gaban mutane ba, in tana ba da labari a tsakar gida sai ya yi kamar rediyo yake ji. Haka aka yi masa, haka ya yi, kuma kowa ya yaba da kunyarsa. Lokacin haihuwarta uwar tana gidan iyayenta a Beri, kamar yadda ake yi a cikin fari. Shi dai wani direba ne ya tare shi bayan an sauko daga masallacin Juma'a ya ce an sauka lafiya, mace. Abu biyu ya riƙe nata, kwanan wata da rana, ga shi yanzu an ce ɗaya daga ciki ba gaskiya ba ne. Ya jira ya ji wani abu a ƙirjinsa. Abin da ya ji shi ne tayar tana ƙara sacewa.

Ya tarar da matarsa Hadijatu a gindin turmi bayan la'asar, tana tsintar wake a faifai. Tun rasuwar ba su taɓa yin maganar yarinyar ba. Ba faɗa suka yi ba, kowa dai yana jiran ɗan'uwansa ya fara, kuma su biyun duk masu haƙuri ne.

Ya jingine keken, ya zauna a kan turmin da aka kife.

"Wace rana aka haifi yarinyar nan?"

Hannunta ya tsaya a cikin waken. "Malam, sunanta bai faɗa maka ba?"

"Na'urar ofis ta ce Alhamis."

"Ita na'urar tana wurin?"

"Ba ta wurin."

"Kai fa?"

"Ni ma ba na wurin."

Ta ci gaba da tsinta. Ta fitar da tsakuwa ta jefar, kaza ta bi ta da gudu ta dawo da takaici. Jinaidu ya ɗauka maganar ta ƙare ke nan, har ya fara neman takalminsa da ƙafa.

Hadijatu ta ce, "Tun azahar nake fama da naƙuda. Ana ruwa, irin mai zuwa da iska, har dawar bayan gida ta kwanta. Malamar asibiti ta zo da laima a karye. Ina jin ladan ya kira magariba, na ce a raina yau kam ba ni ba salla. Baba ya shigo daga masallaci ke nan yana kakkaɓe riga sai ga kukanta. Inna ta ce, ai rana ta faɗi, daren Juma'a ne, Jummai ce ta zo." Ta karkaɗe faifan. "Malamar kuma ta duba agogonta ta rubuta abin da ta rubuta a kati. Kowa da nasa."

Jinaidu ya san wannan, mana. Yaron da ke wasa a ƙofar gida ma ya san in rana ta faɗi ran Alhamis an shiga daren Juma'a. Shekara nawa yana zuwa karatun daren Juma'a. Bai dai taɓa tambaya ko da rana ta zo ko da dare ba.

Hadijatu ta ce, "Da gashi ta zo, cike da kai. Ba ka tambaya ba, amma na faɗa maka."

"To," in ji shi. Ya ƙara zama kaɗan. Ta tura masa faifan, ya taya ta tsintar waken, bai iya ba, yana zubar da masu kyau.

Washegari ya ƙara wa furogiram ɗin tambaya guda. Bayan kwanan wata, sai ta ce: KAFIN MAGARIBA KO BAYAN MAGARIBA? In bayan ne, ta ƙara ɗaya. Ya buga na yarinyar, ya ce bayan. Ta ce JUMA'A.

Bai kira kowa ba. Ya duba bayan riga tukuna. Marta kafin magariba, Talata. Sati kafin magariba, Asabar. Sai ya ce bari ya ga abin da zai faru da a ce Sati da dare ya zo. Na'urar ta ƙara ɗaya a kan Asabar, ta nemi rana ta takwas, ba ta samu ba, ta tsaya cak. Ba wanda ya sa shi wannan gwajin, kuma da bai yi ba, ba wanda zai sani sai wata rana a gaban baƙi. Ya tashi ya rubuta shi a allo a matsayin gwaji na huɗu, sannan ya koya mata cewa bayan Asabar Lahadi ake komawa.

Irmiya ya zo ya gwada duka huɗun, ya ƙara wasu nasa don mugunta, ba ta faɗi ko ɗaya ba. Ya daɗe yana kallon sabuwar tambayar.

"Kakata ma haka take ƙirga kwana," in ji shi. "Ashe shi kwamfuta bai yi ƙarya ba, ita ma wadda ta sa sunan ba ta yi ba. Tambayar ce ba mu cika ba." Ya zaro makullin daga aljihu ya ajiye a kan tebur. "Kar ka bari Sati ya taɓa ta."

Sati daga bakin ƙofa ya ce, "Ni da Hajiya akwai amana. Baba, ka yi dariya mana, ka tsira da aikinka!"

Jinaidu ya taɓa makullin. Ƙarfe ne, da ɗan ɗumin aljihun Irmiya. Ya ce ya gode.

Da aka dawo hutu Irmiya ya riga ya tafi. Firinsifal ya yaba ƙwarai, ya sa aka faɗa masa ranar haihuwarsa, ya ce Allah mai iko, sannan ya miƙo wasiƙu uku a buga masa kafin a tashi. Jinaidu ya buɗe ɗakin shi kaɗai, ya ɗage labule, ya kunna fanka, ya kunna na'urar. Ta yi nishinta, ta rubuta layin nan na kowace safiya, ta tsaya tana jira. Yatsansa har ya kai kan babban maɓallin, sai ya tsaya ya karanta, tun da yanzu ya saba karanta abin da take cewa.

Ba gaisuwa ba ce. Kwanan watan yau take faɗa, tana tambaya ko daidai ne. Ta ce Talata, ɗaya ga Janairu, 1980. Ya kashe ta ya sake kunnawa, ta maimaita. Ya yi lissafi ba tare da ya yi niyya ba: a ranar yarinyar ba ta cika wata huɗu ba, tana Beri a bayan uwarta, da gashi cike da kai.

Ya danna maɓallin sau biyu, ya jawo wasiƙar farko.

Kwamfutar ba ta da agogo a cikinta. Duk ranar da aka kunna ta, Talata ce.